Tarihin Barikin Sakkwato da Abin da Ya Zama

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Bayan haka, wannan taƙaitaccen labari ne na barikin soja da Turawa suka kafa a bayan birnin Sakkwato cikin shekarar 1903, da dalilin kafa shi, da yadda aikinsa ya yi ta raguwa har birni ya haɗiye shi. An rubuta shi domin waɗanda suka yi aikin En'e, da waɗanda suka gaji kujerunsu, gama labarin bariki da na En'e a haɗe su ke. Gwargwadon yadda aikin En'e ya kafu, gwargwadon yadda aka daina bukatar soja a ƙofar gari.

Kafin zuwan Turawa

Muhammadu Bello ɗan Shehu Usmanu shi ya gina Sakkwato cikin 1809, aka kewaye ta da ganuwa mai ƙofofi, kamar su Ƙofar Atiku, da Ƙofar Rini, da Ƙofar Kade, da Ƙofar Taramniya, da Ƙofar Marke. A zamanin nan ba a san wani wuri da a ke ajiye mayaƙa dabam da jama'a ana biyansu albashi a wata ba. Abin da aka sani shi ne ribaɗi, watau garin da a ke kafawa a bakin iyaka, mutanensa su yi noma da karatu, in abokan gaba sun taso su ɗauki baka da mashi. Wurno ita ce mafi shahara cikin waɗannan, can Sarkin Musulmi Bello ya zauna, can kuma kabarinsa ya ke. Mayaƙin ribaɗi ɗan gari ne, alƙalin gari ke yi masa shari'a, limamin gari ke yi masa salla in ya mutu. Sai mai karatu ya riƙe wannan, don a nan bambancin ribaɗi da bariki ya ke.

Ranar Giginya

Ran 3 ga Fabrairu 1903 Turawa suka ci Kano, sa'an nan suka fuskanci yamma. A Shagari suka haɗu da wata ƙungiya tasu da ta taso daga Argungu. Duka-duka sojojinsu ba su kai 700 ba, ban da 'yan ɗako, amma suna tafe da igwa huɗu da bindiga mai ruwa huɗu, Kanar Morland ke jan su. Sarkin Musulmi Muhammadu Attahiru na Farko bai cika wata shida bisa gado ba. Ya fito da jama'arsa kudu da ganuwa, a filin da a ke kira Giginya, tare da Marafa Muhammadu Maiturare da Sarkin Raba Ibrahim.

Ran Lahadi 15 ga Maris, 'yan kwanaki bayan Babbar Salla ta shekarar 1320 ta Hijira, aka gamu. Yaƙin bai daɗe ba, don doki da takobi ba su iya kai wa ga mai bindiga mai ruwa. Waɗansu mutane suka tsaya gindin tutar Sarkin Musulmi, suka ƙi gudu, har aka kashe su a nan. Attahiru ya yi hijira gabas, jama'a mai yawa ta bi shi, ya yi shahada a Burmi ran 27 ga Yuli, tutarsa ta faɗa hannun soja.

Waziri Buhari kuwa ya janye zuwa Marnona, ya yi shawara da malamai, aka ga idan kowa ya tafi babu mai tsaya wa talakawan da ba su da ikon hijira. Ya komo ya sadu da Turawa, daga baya ya rubuta risala yana bayyana hujjarsa. Gwamna Lugga ya iso ran 19 ga Maris, ran 21 aka naɗa Muhammadu Attahiru na Biyu. A jawabinsa Gwamna ya bayyana cewa mulki da haraji da ƙasa sun koma hannun Ingilishi da ƙarfin yaƙi, amma ba za a taɓa addini ba, alƙalai kuma za su ci gaba da shari'a. Ya bar Manjo Burdon ya zama Razdan, ya bar masa soja. Mafarin bariki ke nan.

Dalilin kafa shi a bayan gari

A gefen kudu, waje da ganuwa, Turawa suka yi sansaninsu, suka gina ƙaramar ganuwar tsaro da ɗakunan soja da turken dawaki. Dalili uku suka sa haka. Na fari, ba su amince da birnin ba tukuna, suna son fili tsakaninsu da shi yadda bindiga za ta yi aiki. Na biyu, Faransawa na nan arewa wajen Birnin Ƙonni, iyaka kuwa ba ta zauna ba, gama yarjejeniyar 1898 da ta zana da'ira mai nisan mil 100 daga Sakkwato sai da aka sake ta cikin 1904 da 1906. Na uku, likitocinsu na ganin zama kusa da 'yan ƙasa shi ke kawo musu zazzaɓi, har daga baya aka yi ƙa'ida a bar yadi 440 ba gini tsakanin unguwar Turawa da ta sauran mutane.

Sojan nan na rundunar da Lugga ya kafa ne cikin 1897 don tsaron iyakokin Afirka ta Yamma. Hafsoshi Turawa ne, amma galibin saje da kofur da farabiti baƙar fata ne: Hausawa, da Yarabawa, da Zabarmawa, da waɗansu kabilu, da yawansu bayi ne da suka gudu daga iyayengijinsu. Da Hausa a ke ba su oda, wata irin Hausa mai gajerun kalmomi wadda aka sa wa suna Barikanci. Begila ke tashe su, begila ke kwantar da su. Matansu na zaune tare da su, kasuwa ta tsiro a gefensu, masu wanki da kuku da 'yan ciyawa suka taru.

Abin da ya fi damun mutanen birni shi ne, mutumin bariki ba ya ƙarƙashin alƙali. In soja ya ɗauki kazar talaka ko ya ƙwace masa itace, ba dogarin da zai kamo shi, sai dai a kai ƙara wurin hafsansa, talaka kuwa ina ya ga ƙarfin zuciyar tunkarar mai gadi da banati? Daga nan Hausawa suka ce bariki lahirar kaji. Aka sami gari biyu ƙafa da ƙafa, kowanne da shari'arsa, da lokacinsa, da harshensa.

Satiru

Shekara uku bayan Giginya aka jarraba barikin nan, aka ga iyakar ƙarfinsa. Satiru ƙauye ne mai nisan kamar mil 14 kudu da Sakkwato, inda talakawa da gudaddun bayi suka taru. Wani malami makaho da ya gudo daga ƙasar Faransawa, ana ce masa Ɗan Makaho, ya haɗa kai da Malam Isa, suka yi kiran Mahadi, suka ƙi Turawa, suka ƙi haraji. Manjo Burdon ya riga ya kama hanyar hutu, Mista Hillary ke riƙon lardi.

Ran 14 ga Fabrairu 1906 Hillary ya tafi Satiru da sojan dawaki don ya kamo shugabannin. Mutanen ƙauyen suka fito da gatura da fartanya da baka, suka auka musu tun ba su gama shirya sahu ba. Dawaki suka firgita, sahu ya watse. Aka kashe Hillary, da mataimakinsa Scott, da Laftanan Blackwood, da soja 25, bindiga mai ruwa ta faɗa hannun Satirawa. A lokacin kuwa galibin rundunar Arewa na can wajen Binuwai tana yaƙi da Tibi.

Kwana 24 aka yi kafin gudummawa ta kai ga Satiru. Cikin kwanakin nan barikin Sakkwato ba shi da ƙarfin da zai tare birnin in da birnin ya tashi. Abin da ya riƙe ƙasa shi ne matsayin Sarkin Musulmi Attahiru na Biyu da 'yan majalisarsa, waɗanda suka ƙi kiran Satiru, suka hana hakimai bin sa. Marafa Maiturare ma ya kai hari da dawakinsa, ko da ya ke bai ci nasara ba. Burdon ya juyo daga hanya ya tarar da ragowar mutanensa a raye saboda wannan.

Ran 10 ga Maris Manjo Goodwin ya isa Satiru da soja fiye da 500. Aka kashe mutane wajen 2,000, aka kwashe mata da yara, aka ƙone ƙauyen ƙurmus, Sarkin Musulmi ya hana a sake gini ko noma a wurin. Aka yi wa Ɗan Makaho shari'a a Sakkwato, aka kashe shi a kasuwa. Wannan kisa ya wuce haddi, har a Ingila sai da waɗansu ma'aikatan Ofishin Mulkin Mallaka suka yi tir da shi, kuma bai kamata a ambaci biyayyar sarakuna ba a manta da jinin talakawan da ya zuba. Sarkin Musulmi ya sami lambar girma ta C.M.G. Turawa kuwa suka koyi darasi: soja ɗari ba su iya riƙe lardi, sai da hannun masu ƙasa.

Yadda En'e ta karɓi aikin bariki

Daga Satiru hankalin Gwamnati ya koma ga ƙarfafa mulkin sarakuna. Tun 1905 Burdon ya buɗe 'yar makaranta a Sakkwato don 'ya'yan manya, ita ce ta girma ta zama makarantar lardi, sa'an nan Midil, inda aka yi ta yaye malaman ofis. Wajen 1911 aka kafa Baitulmali a manyan masarautun Arewa, Sarki da alƙali da hakimi suka koma kan albashi, kowane kwabo aka shiga rubuta shi. Cikin 1916 aka yi dokar En'e. Wajen ƙarshen shekarun 1920 aka fitar da 'yan doka daga cikin dogarai, aka yi musu kaki, aka koya musu fareti, da yawa cikin masu koyarwar kuwa tsofaffin soja ne.

To, aikin da a da sai an fita da soja, kamar tara haraji da jangali, da kamun ɓarayin shanu, da raba rikicin iyakar gona, ya koma hannun hakimi da malaminsa, da alƙali da muhutinsa, da ɗan doka mai sanda. Takardar sammaci ta shiga inda bindiga ba ta iya shiga. Ga kuma reluwe ya kai Kano cikin 1911, ya kai Ƙaurar Namoda cikin 1929, mota ta soma bin hanya, saboda haka ƙarfin soja ya tattaru a Kaduna da Zariya da Kano, in bukata ta taso a aiko.

Sojan da aka ɗauka don tsare gari sai aka shiga kai shi yaƙin nesa. Ya je Kamaru daga 1914 zuwa 1916, ya je Afirka ta Gabas. Farkon 1917, da Kawusan ya kewaye Faransawa a Agadas, aka tura soja daga Sakkwato da Kano suka ƙetare iyaka don taimakon Faransawan nan da aka kafa bariki saboda tsoronsu. A Yaƙin Duniya na Biyu samarin lardin nan sun je Habasha, sun je Bama cikin runduna ta 81 da ta 82, sarakuna da ma'aikatan En'e kuwa su suka tsaya kan ɗaukarsu. Waɗanda Allah ya komo da su, da yawa En'e ta ɗauke su aikin doka, da gandiroba, da tuƙin mota, da masinja.

Abin da filin ya zama, da abin da sunan ya zama

Ɗakunan soja na farko na ƙasa ne da jinka, irin ginin da ba ya daɗewa in an bar yaɓe. Abin da ya wanzu shi ne filin da sunan. A gefen nan na kudu aka yi gidan Razdan, da ofishin lardi, da gidajen Joji da likita da sauran ma'aikatan Gwamnati, aka ja tituna, aka dasa itatuwa. Wurin da talaka ke kaucewa don tsoron mai gadi ya zama wurin da ya ke zuwa neman aiki ko kai kuka. Malaman En'e na fita daga birni da safe da takardu a hammata su kai wa Joji, su komo da amsa.

Cikin 1967 Sakkwato ta zama hedkwatar Jihar Arewa maso Yamma, cikin 1976 ta zama ta Jihar Sakkwato. Ma'aikatu da gidajen ma'aikata suka yi ta yaɗuwa kudu, ganuwa ta zube, saura sunayen ƙofofi a bakin mutane. Filin da aka bari ba gini don raba Bature da ɗan ƙasa ya cika da gidaje da shaguna da makarantu. Yau mutum na tafiya daga Hubbaren Shehu har unguwar da Turawa suka zauna ba ya gane inda birni ya ƙare, bariki ya soma.

Kalmar ma ta sake aiki. Da fari ma'anarta gidan soja. Sa'an nan ta zama unguwar Turawa da ofisoshinsu. Sa'an nan gidan saukar baƙi da En'e ke ginawa a garuruwan hakimai don Joji in ya zo rangadi, shi ma aka ce masa bariki. Daga ƙarshe ta zama suna ga wani irin zama: ɗan bariki shi ne wanda ya bar gaban iyaye, ya san kan duniya, ba ya jin kunyar kowa. Zargin da ke cikin kalmar nan gadon zamanin da mutumin bariki ya fi ƙarfin alƙali ne.

Sauran barikoki

Ba kowane bariki ya yi irin wannan ƙarshe ba. Zungeru ita ce hedkwatar Arewa daga 1902, can Gwamna ya ke, can manyan soja su ke. Da aka ƙaura zuwa Kaduna a zamanin Yaƙin Duniya na Farko, sai gine-ginenta suka zama kufai, gama babu babban birni kusa da zai gaje su. Gadar ƙarfe ta masu tafiya a ƙasa da aka yi can cikin 1904, cire ta aka yi aka kai Kaduna cikin 1954.

A Kumasi ta ƙasar Gana kuwa, da dutse Ingilishi suka gina nasu bayan sun ci Asante cikin 1896. Cikin 1900 mayaƙan Yaa Asantewaa suka kewaye Gwamna Hodgson a ciki tare da sojan Hausa, sai da aka kawo gudummawa har daga Nijeriya. Tsakanin 1952 da 1953 aka mai da ginin gidan tarihin soja, yana nan ana shiga ana gani. Zungeru ta rasa mutane, Kumasi ta ajiye gininta. Sakkwato kuwa mutane suka yi yawa har suka shafe alamar wurin, don haka tarihin barikinta ya dogara ga takardu da abin da dattawa suka faɗa.

Tuta ta komo gida

Cikin 1958 ikon rundunar ya koma hannun Gwamnatin Nijeriya, cikin 1965 babban kwamanda Bature na ƙarshe ya tafi. Tsakanin nan aka yi wani abu da ya kamata kowane Basakkwace ya sani. Cikin 1960, shekarar mulkin kai, soja suka kawo tutar Attahiru wadda ta yi shekara 57 a hannunsu, suka miƙa ta ga Sarkin Musulmi Abubakar na Uku a bainar jama'a. Shi kuwa Abubakar, an haife shi a Dange ran 15 ga Maris 1903, ranar Giginya ita kanta. Aikin En'e ya soma yi, magatakardan hakimi a Dange, ya zama Sardauna mai kula da 'yan doka, ya hau gado cikin 1938, ya yi shekara 50.

Barikin sojan Nijeriya da ke Sakkwato yau sunansa Barikin Giginya, a garin kuma hedkwatar Runduna ta 8 ta ke. Akwai filin wasa, da masauki, da makaranta, duk da sunan Giginya. Rundunar da ta samo asali daga waɗanda suka harbi masu riƙe da tuta, ita ce ke ɗauke da sunan filin da suka faɗi. Cikin Nuwamba 2006 aka naɗa Muhammadu Sa'ad Abubakar Sarkin Musulmi, ɗan Abubakar na Uku, wanda ya shiga soja cikin 1975 ya kai muƙamin Birgediya Janar. Duniya rawar 'yan mata, na gaba ya koma baya.

Abin lura ga ma'aikata

En'e ita ma ta bi hanyar bariki. Daga 1968 kotunan alƙalai suka koma hannun jiha, 'yan doka da gidajen yari suka koma hannun Gwamnatin Tarayya, cikin 1976 aka kafa ƙananan hukumomi a madadinta. Ba a ce ba ta da laifi ba, gama an sami hakimin da ya ci haraji, an sami ɗan dokan da ya zalunci talaka, an sami alƙalin da ya ji tsoron mai mulki. Amma abin da ya sa aka daina bukatar soja a ƙofar gari shi ne akwai wurin da mutum zai kai ƙara a saurare shi da harshensa, a rubuta, a ba shi rana.

Shekarun nan ƙasar Sakkwato da Zamfara na fama da 'yan bindiga a daji, soja ya komo ƙauyukan da a da hakimi da 'yan doka biyu ke riƙewa. Soja na da aikinsa, Allah ya taimake shi. Amma kwana 24 na Satiru sun nuna cewa bindiga na korar maƙiyi, ba ta raba gardamar makiyayi da manomi, ba ta mayar wa gwauruwa gonarta. Wannan aikin mai alƙalami ne. Inda aka bar ƙara ta kwana shekara a aljihun tebur, ko aka sayar da burtali, ko aka karɓi na goro kafin a buɗe fayil, can a ke shuka abin da soja zai zo girbi.

Saura roƙo ɗaya. Tsofaffin littattafan shari'a, da rajistar haraji, da takardun rangadi, da taswirar gari, duk wanda ya ga suna lalacewa a wani ɗaki, ya tsare su daga gara da ɗigon ruwa, ya sanar da Ma'aikatar Tarihi ta Waziri Junaidu. Ginin ƙasa ya riga ya tafi, in takarda ta bi shi babu mai ba jikoki labari.

Allah ya ji ƙan magabata, ya gafarta wa waɗanda suka faɗi a Giginya da Burmi da Satiru, ya ja zamanin Sarkin Musulmi, ya zaunar da ƙasa lafiya. Amin. Tamat.